Yadda ake sasanta rikicin tambarin kasuwanci a gaban kotu

Idan masu sarrafa shinkafa biyu a Gombe suka sami saɓani saboda buhunansu sun yi kama, launi ɗaya, zanen zangarniya ɗaya, suna kuma bai bambanta ba sai da harafi guda, to muddin tambarin yana da rajista, Babbar Kotun Tarayya ce ke da hurumin sauraron ƙarar bisa sashe na 251 na kundin tsarin mulkin 1999, kuma tana da reshe a Gombe da Bauchi. Shigar da ƙara ba ya rufe ƙofar sulhu, domin sashe na 17 na dokar da ta kafa kotun ya ba alƙali damar ƙarfafa wa masu shari'a gwiwa su daidaita.

Kafin a zauna, kowane ɓangare ya duba takardunsa. 'Yan kasuwa da yawa sun ɗauka shaidar CAC (hukumar rajistar kamfanoni) ko lambar NAFDAC ta mallaka musu tambari, alhali rajistarsa a wani ofishi daban ake yi a Abuja, ƙarƙashin Ma'aikatar Masana'antu, Kasuwanci da Zuba Jari, bisa dokar tambarin kasuwanci ta 1965. Rajistar farko shekara 7 take yi, daga nan a riƙa sabunta ta duk shekara 14. Wanda bai yi rajista ba sai dai ya kafa hujja da cewa ana yaudarar masu saye da sunan kayansa, wannan kuwa tabbatar da shi yana da wuya, don haka ya kamata ya sassauta buƙatunsa tun farko.

Daga nan lauyoyi su sanar da alƙali cewa ana tattaunawa, su nemi a ɗage zama. Babu laifi shugabannin kasuwa ko dattawa su shiga tsakani, hasali ma sukan fi lauya iya sanyaya zuciya, amma cewa "an yafe wa juna" ba ya isa. Dole a rubuta sharuɗɗan dalla-dalla: wane ne zai ci gaba da sunan, wane ne zai sauya, kuma me zai sauya, launi ne ko zane ko salon rubutu. A liƙa hoton sabon buhun a jikin takardar, kowa ya sa hannu a kansa. A kuma fayyace makomar buhunan da aka riga aka buga da waɗanda ke hannun dillalai a kasuwar Tudun Hatsi ta Gombe, da ranar da za a daina ganinsu a kasuwa. A nan ne sulhu ya fi rushewa, domin mai buhuna jibge a sito ba zai so ya ƙone kuɗinsa ba; ba shi wa'adi mai ma'ana ya fi matsa masa. Idan akwai diyya, a rubuta adadinta da lokacin biya, tare da wanda zai ɗauki kuɗin shari'a.

Bayan an sa hannu, sai a shigar da takardar a kotu, a roƙi alƙali ya mayar da ita hukunci. Daga ranar tana da ƙarfin kowane hukunci, ana iya tilasta wa wanda ya saɓa, kuma ba a ɗaukaka ƙara a kanta sai da izinin kotu, saboda haka a karanta wa kowa ita da Hausa kafin ya sa hannu. Idan sulhun ya ƙunshi miƙa tambari ko ba da izinin amfani da shi, a kai wa ofishin rajista na Abuja domin a shigar da sauyin a kundinsa.