Littafi na faɗin abu ɗaya, kwamfuta na yin wani: kurakuran masu koyon Word da Excel a Maraɗi

Yawancin mai son koyon Word da Excel a Maraɗi littafi yake fara nema. Wani wajen masu baza littattafai a bakin titi ya samo shi, wani ɗan'uwa ne ya kawo masa daga Katsina ko Kano, wani kuma fotokofi ne da aka yi ta juyawa hannu zuwa hannu har hotunan ciki suka yi baƙi ƙirin. Babu laifi a wannan. Rikicin yana farawa ne ranar da aka zauna gaban kwamfuta, littafi ya ce a danna wuri kaza, a duba sama a duba ƙasa babu wurin. Sai mutum ya yanke wa kansa hukunci cewa kansa ne ba ya ja. Sau da yawa ba haka ba ne. Don wata kwamfuta aka rubuta littafin, shi kuma wata daban ce a gabansa.

Abu na farko da ake tsallakewa shi ne shekara. Word da Excel cikin ƙunshin Office suke zuwa. Office na 2003 jerin sunaye ne a sama, ka danna ɗaya wasu su zubo ƙasa. Daga 2007 kamfanin Microsoft ya sauya fuskar gaba ɗaya, ya kawo faffaɗan layin nan mai cike da maɓallai, fayil ɗin Word kuma ya koma docx maimakon doc. Littafin da ke koyar da na 2003 ka bar shi, sai dai in tarihi kake nema. Daga 2010 zuwa yau kuwa fuskar ba ta yi nisa da juna ba, littafin 2013 zai yi maka aiki a kan na 2019. Inda za ka yi hattara shi ne sababbin dabarun lissafi: RECHERCHEX, wanda Ingilishi ke kira XLOOKUP, yana cikin Office 2021 da Microsoft 365, amma babu shi a na 2016 da na 2019. Kafin ka biya kuɗin littafi, buɗe Word ka shiga Fichier, sannan Compte, ka ga wanda ke cikin na'urarka.

Babban tarkon kuwa harshe ne, kuma mu mutanen bakin iyaka ya fi kamawa. Littattafan da ke shigowa ta Jibiya da Ɗan Isa na Ingilishi ne, kwamfutocin ofisoshinmu da na lakkwal kuma Faransanci suke ji. A wani shagon buga takardu na ga wata yarinya ƴar koyo ta rubuta =SUM(B2:B9) daidai yadda littafinta ya nuna, ko ɗigo ba ta kuskure ba. Excel ya mayar mata da #NOM? Ta goge ta sake, ya sake mayar mata. Ta juya wajen mai shagon ta ce, "Yaya, wannan na'urar taka ba ta da lafiya." Ya leƙo ya ce, "Lafiyarta lau, ƙanwata, ba ta jin harshen da kika yi mata ne. Sa SOMME." Nan take jimla ta fito.

Haka abin yake ga sauran: AVERAGE a can MOYENNE ne a nan, IF shi ne SI, COUNTIF shi ne NB.SI, VLOOKUP kuma RECHERCHEV. Ba a suna kaɗai aka tsaya ba. Inda littafin Ingilishi ya raba sassan lissafi da waƙafi, kwamfutar da aka saita a kan tsarin Faransa waƙafi mai ruwa take so. Wato =IF(C2>=10,"ya ci","ya faɗi") zai koma =SI(C2>=10;"ya ci";"ya faɗi"). Dalili shi ne waƙafi yana da nasa aikin a lissafin Faransanci, shi ke raba lamba da ɓurɓushinta, biyu da rabi 2,5 ake rubuta shi. In ka rubuta 2.5 da aya, Excel zai ɗauke shi a matsayin rubutu, ya jingina shi hagu cikin gidansa, ya kuma tsallake shi wajen tarawa ba tare da ya ce maka uffan ba. Ka riƙe wannan alamar: lamba ta gaskiya dama take jingina, rubutu hagu. Abin da zai kwantar maka da hankali shi ne, fayil ɗin da aka riga aka yi ba ya lalacewa don an sauya na'ura. In abokin cinikinka na Kano ya turo maka lissafi mai SUM, kana buɗewa a taka za ka ga SOMME, Excel da kansa ke juyawa. Wajen rubutawa ne kawai dole ka bi harshen na'urar da ke gabanka. Gyaran ba ya buƙatar sabon littafi: ɗauki biro ka rubuta sunayen Faransancin a gefen shafi, goma zuwa goma sha biyar sun ishi mai farawa.

Allon madannai ma da nasa. Littafi ya ce Ctrl da B ke sa harafi ya yi kauri, a Word na Faransanci kuma Ctrl da G ne. A allon AZERTY, wato na Faransanci, sai an riƙe Maj (Shift) kafin lambobin layin sama su fito, shi ya sa ɗan koyo zai so rubuta 2025 ya ga é da à sun jeru. Wanda hannunsa ya saba da QWERTY, allon Ingilishi, kuma ya kiyayi wannan: inda Z take a can, W ce a nan. Ya kai hannu don ya warware kuskure da Ctrl da Z, sai ya danna Ctrl da W, takardar ta nemi rufewa. Akwai kuma kwamfutocin hannu ƴan gwanjo da haruffan da aka zana a jikinsu QWERTY ne amma Windows ɗin ciki na kan AZERTY, ka danna A ta ba ka Q. Ba lalacewa ba ce. Riƙe maɓallin Windows ka taɓa dogon maɓallin tazara, za ka ga jerin allunan da aka sa, ka zaɓi wanda ya dace.

Sai halin karanta littafin kansa. Wasu haddace shi suke yi tun daga babin tarihin kwamfuta, ba su taɓa linzami ba sai sun kai shafi na hamsin. Ni dai shawarata a tsallake waɗannan babukan. Ɗauko aikin gaske, takardar neman aiki ko jerin sunayen ƴan aji ko lissafin shago, ka fara, in ka cije sannan ka buɗe littafi ka nemi abin da ya tsayar da kai.

A Word, kuskuren da ya fi yawa shi ne a mayar da kwamfuta tafireta. Mutum na son kan magana ya zauna a tsakiya, sai ya yi ta dukan maɓallin tazara har ya ga kamar ya kai. Yana son sabon shafi, sai ya yi ta danna Entrée har rubutu ya gangara. A idonsa komai ya yi kyau. Ranar da aka ƙara layi ɗaya a sama, ko aka buɗe takardar a wata na'ura, sai komai ya goce: kan babi a gindin shafi, sa hannu shi kaɗai a shafi na gaba. Ctrl da E ke kai rubutu tsakiya, Ctrl da Entrée ke buɗe sabon shafi. In kana son ganin ɓarnar da ka riga ka yi, danna maɓallin nan mai alamar ¶, duk tazarar da ka tara za ta fito ɗigo-ɗigo.

Ɗaliban Jami'ar Dan Dicko Dankoulodo masu rubuta kundin kammala karatu su suka fi shan wuyar wannan. Za ka ga ɗalibi ya zauna yana rubuta jerin abubuwan da ke ciki da hannu, yana jera ɗigo har zuwa lambar shafi. Malami ya ce a cire sakin layi biyu a babi na ɗaya, lambobin shafi duka sun tashi aiki. Alhali da tun farko ya sa wa kowane kan babi salon Titre 1, ƙananan kanu Titre 2, sai kawai ya shiga Références ya zaɓi Table des matières, Word ya jera masa, in an yi gyara ya danna sabuntawa. Babin salo yana cikin kusan kowane littafi, shi ne kuma wanda aka fi tsallakewa don ba shi da hotuna masu ɗaukar ido.

Abin da littattafan ba sa taɓawa sam shi ne rubutun Hausa. Tun da kundin sake gina ƙasar Nijar da aka fitar a watan Maris na 2025 ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa, masu buga takardu za su ƙara cin karo da ɓ da ɗ da ƙ da ƴ. Rubuta "kasa" inda ake nufin "ƙasa" ba ƙaramin kuskure ba ne a takardar hukuma. Windows na da allon Hausa da ake ƙarawa a wurin saita harsuna. Wanda bai son wannan ya shiga Insertion, sannan Symbole, ya nemo harafin ya ɗaura masa gajeren maɓalli sau ɗaya, shi ke nan. In harafin ya fito kamar ɗan akwati, samfurin rubutun da ka zaɓa ne ba shi da shi, koma Times New Roman ko Arial. Jan layin da ke bin ƙarƙashin kowace kalmar Hausa kuma ba kuskurenka yake nunawa ba, Word ne ke auna ta da ƙamus na Faransanci. Kada ka karɓi gyaransa. Zaɓi rubutun duka, shiga Révision, Langue, ka ce kada ya duba.

Mu koma Excel, don nan kuɗi ke salwanta. Ɗan kasuwa mai sayar da wake da gyaɗa da aya ya ɗauki yaro ya riƙa shigar masa da lissafi. Yaron ya rubuta "15000 F" a gida ɗaya, "buhu 3" a wani. Da zarar harafi ya shiga gidan lamba, gidan ya zama rubutu, ba ya taruwa. Lamba tsurarta ake sawa, "sefa" ko "buhu" ko "tiya" su hau kan layin can sama. Wani kuma ya jera lambobi tsaf, sannan ya ɗauko waya ya tara su ya rubuta jimlar da hannu. Gobe farashi ɗaya ya sauya, jimla na nan jiya i yau.

Akwai kuma wanda namu ne mu kaɗai, babu littafin Faransa ko na Amurka da zai gargaɗe ka a kai. Da dala muke ƙirga a baki, da sefa muke rubutawa, dala ɗaya kuwa sefa biyar ce. Maigida ya ce dala ɗari uku, yaro ya rubuta 300 a layin da sauran lambobinsa sefa ne, alhali 1500 ya kamata ya sa. Layi guda an yi giɓin 1200, kuma Excel ba shi da hanyar sani. A tsayar da magana tun farko: layin nan sefa ne zalla. In dole sai an shigar da dala, a ba ta layinta, na kusa da shi ya riƙa ninkawa da =B2*5. Haka naira, kada ta kwana layi ɗaya da sefa. Farashin canji na ranar a ajiye shi gida guda, a ce E1, a rubuta =B2*$E$1 sannan a ja zuwa ƙasa. Alamar dalar Amurkan nan ita ke ɗaure gidan wuri ɗaya. In babu ita, layi na biyu zai koma neman E2, na uku E3, inda babu komai, sai ka ga sifili na zuba. Maɓallin F4 ke sa ta, a wasu kwamfutocin hannu sai an haɗa da Fn.

Lambar wayar abokin hulɗa na Najeriya da ta fara da sifili, Excel zai cinye sifilin, sai in ka fara sa alamar ' a gabanta. Gidan da ya cika da #### faɗi kawai yake nema, ja bakinsa. Wanda ya fi haɗari shi ne jera sunaye daga A zuwa Z alhali layin sunayen kaɗai aka zaɓa: sunaye su motsa, bashi ya tsaya inda yake, bashin wane ya koma kan wane. In Excel ya tambaye ka ko ya faɗaɗa zaɓin, ka amsa masa da e.

PowerPoint ba sai an daɗe a kansa ba. Kada a kwashe shafin Word a zuba a allo, a tsaya ana karanta wa mutane abin da idonsu ke gani. Layi huɗu ko biyar masu manyan haruffa sun isa, haruffa masu tsalle da juyi kuma a bar wa yara.

Maganar adanawa littattafai a layi biyu suke gama ta, domin inda aka rubuta su wuta ba ta cika ɗaukewa ba. A nan, musamman lokacin bazara, kwamfutar tebur da ba ta da batirin tsaro tana iya mutuwa a tsakiyar jimla. Word yana ajiye kwafin ceto duk minti 10 in ba a taɓa saitinsa ba, amma kada ka dogara da shi. Ba takarda suna tun kafin ka rubuta layin farko, sannan Ctrl da S ya zame maka jiki bayan kowane sakin layi. Sunan ma ya zama mai ma'ana, da kwanan wata a jiki, ba Document1 ba. Kada kuma kwafinka ɗaya tilo ya zauna a filashin da ke yawo shago-shago, don can ake kwaso cutar nan mai ɓoye fayiloli ta bar maka gumakan banza. Tura wa kanka kwafi ta imel ko WhatsApp.

In za ka kai bugu, duba girman takarda tukuna. Word ɗin da aka saita a kan tsarin Amurka da Letter yake farawa, mu kuwa A4 ake sayarwa, mai milimita 210 a faɗi da 297 a tsawo, ta fi waccan tsawo ta kuma fi ta matsewa. Gyara wannan a Mise en page, sannan ka adana kwafi a matsayin PDF, shi za ka miƙa wa mai shago, don ko Office ɗinsa ya bambanta da naka shafukan ba za su motsa ba.