Kafin ka hau jirgin ƙasa a ƙaramar tasha

'Yan'uwa, ga wata shawara.

In za ka hau jirgi a tashar ƙaramin gari, ka je tun ana gobe tafiya. Nemi shugaban tasha, ka tambaye shi abu biyu: jirgin da kake so yana tsayawa a nan? Ƙarfe nawa ake buɗe tagar tikiti?

Da yawa daga cikin irin waɗannan tashoshi ba don cunkoson fasinja aka gina su ba. A zamanin injin tururi, jirgi na bukatar shan ruwa a hanya. Inda layin dogo ɗaya ne tak kuma, dole a sami wurin da wani jirgi zai raɓe, ɗan'uwansa ya wuce. Shi ya sa ma'aikatan ba su da yawa, taga kan buɗe gab da isowar jirgi, mai sauri kuwa sai dai ka ga wucewarsa. Na taɓa kwana a kan benci saboda rashin sanin haka, ba na so wani ya sha wannan wahala.

Ka yi tambaya a kan taragon da ke tsayawa daidai dandamalin hawa jirgi, don wani dandamalin gajere ne. Tsayawar ma mintuna kaɗan ce, kayanka su kasance a hannu.

Amma fa wata tashar babu ma'aikaci ko ɗaya. A nan sai ka sayi tikiti ta intanet ko a babbar tasha. A Birtaniya akwai tashoshin da sai ka ɗaga wa direba hannu zai tsaya.

Lokacin bukukuwa kuma jadawali kan canja, sai ka sake tambaya da safe.