Idan ɗan'uwanka ya ce ana bibiyarsa

Ƙanina yana sayar da takalma kusa da kasuwar Taminus a Jos lokacin da bam ya tashi a watan Mayun 2014. Ko ƙwarzane bai samu ba. Bayan 'yan watanni sai ya fara cewa ana bin sawunsa: mai keken da ya tsaya ƙofar gidanmu a Unguwar Rogo ɗan leƙen asiri ne, mai shayi ma rahotonsa yake kaiwa. Ya manna takarda a kyamarar wayarsa, ya rataya bargo a taga bisa labule.

Idan naka ɗan'uwan ya shiga wannan hali, kada ka yi musu da shi. Ranar da na ce masa babu wanda ya damu da shi, kallona kawai ya yi ya ce, "Yaya, ashe har da kai." Kwana uku bai ci abincin gidanmu ba. Kada kuma ka gaskata shi don a zauna lafiya, wannan ƙara wa wuta itace ne. Abin da ya yi mana amfani shi ne in ce, "Ni ban ga kowa ba, amma na ga kana cikin tsoro. Zo mu zauna." Ku daina raɗa a gabansa, ku daina yin shiru da zarar ya shigo ɗaki. Duk yana lura.

Sai ka sa ido kan barcinsa, domin rashin barci yana hura zargi sosai. Ka tambaye shi a keɓe, ba da faɗa ba, ko yana taɓa wiwi ko tiramol, su ma suna jawo wannan hali.

A gida za a ce sammu ne ko aljanu. A yi addu'a, amma kada ta hana ganin likitan ƙwaƙwalwa. Asibitin koyarwa na Jami'ar Jos yana da wannan sashe. Ni ban ce masa "taɓin hankali" ba, cewa na yi mu je a duba rashin barcin nan, kuma gaskiya na faɗa. Idan ya fara jin muryoyi, ko yana kwana da wuƙa, ko yana maganar kashe kansa, a kai shi ranar. Ban da ɗauri, ban da duka.

Magani yana ɗaukar makonni kafin a ga sauyi, kuma ba a dainawa sai likita ya ce. Da hannunsa ƙanina ya sauke bargon nan, ranar wata Juma'a, ya ce ɗakin ya cika duhu.