Yi wa rauta filashin don ƙarin sabis: kurakuran da aka fi yi

Kuskuren farko tun ba a taɓa na'urar ba ake tafka shi, wato zaton manhaja za ta ƙara wa eriya ji. In ka yi filashin, wato ka ɗora wata manhaja irin su OpenWrt ko DD-WRT a rauta, na'urar da ke raba Wi-Fi, abin da ka samu shi ne damar ɗaga ƙarfin watsawa, misali daga 20 dBm (ma'aunin ƙarfin sigina), wato miliwat 100, zuwa 23 dBm, wanda ninki biyu ne. Murya ka ƙara mata, kunnenta yana nan yadda yake. Wayar da ke ƙuryar ɗaki sai ta nuna sanduna cike, amma amsarta ba ta isa rautar, shafi ya yi ta juyi bai buɗe ba. Ga zafi da na'urar ke ɗauka, ga damun maƙwabta. Gyaransa: mayar da ƙarfin yadda ya zo, ɗaga rautar sama a tsakiyar gida, sannan ka zaɓi tashar Wi-Fi ta 1, 6 ko 11 a zangon 2.4 GHz, wadda ba cunkoso.

Sandunan nan ma ba abin dogaro ba ne. A 2010, da aka yi ta ƙorafi kan eriyar iPhone 4, Apple ya fitar da sabuntawar da ta canza lissafin sandunan kawai, eriyar ba ta canza ba. Lambar ƙarfin sigina za ka duba: a sabis ɗin 4G na waya, -85 dBm lafiya lau ne, -115 kuwa ana fama.

Sai masu gaggawa. Sunan rauta ɗaya ba ya nufin ciki ɗaya, fitowa ta farko (v1) da ta biyu (v2) na iya bambanta. Juya na'urar ka karanta takardar da ke ƙasanta kafin ka sauke fayil ɗin manhajar. Yi aikin da kebul, kuma kada ka fara sai kana da wutar da ba za a ɗauke ba, don in ta yanke ana tsakiyar ɗora manhajar, rautar na iya ƙin tashi.

Wanda ya fi ciwo shi ne rashin ajiye kwafi. Akwai sashen da masana'anta ke adana saitin rediyon kowace na'ura, a wayoyi har da IMEI, lambar shaidar waya. In ya goge, waya za ta kunnu amma ba sabis, kuma na wani ba zai zauna daidai a taka ba. Kwafe shi tukuna, ka adana a kwamfuta, ba a cikin na'urar da za ka yi wa aikin ba.