Kurakuran masu kai waƙoƙin Amurka gaban jama'a

Na gaji da ganin sababbin malaman adabi suna maimaita kuskuren da ni kaina na taɓa yi, wato ɗauko kowane irin bugu na waƙa daga intanet ba tare da bincika asalinsa ba. Waƙoƙin Emily Dickinson, marubuciyar waƙoƙi 'yar Amurka, su ne suka fi shan wannan wahala. Ta rasu a garin Amherst a 1886, ta bar waƙoƙi kusan 1,800, kuma da Mabel Loomis Todd da Thomas Wentworth Higginson suka buga kundi na farko a 1890, sai suka laƙaba musu sunaye, suka daidaita amsa-amo, suka share layukan da take ja tsakanin kalmomi domin mai karatu ya tsaya ya numfasa. Sai a 1955 Thomas H. Johnson ya dawo da su kusa da yadda ta rubuta su da hannunta. Tsohon bugun shi ne ya fi yawo a intanet, domin haƙƙin mallakarsa ya ƙare.

Wata rana na raba wa mahalarta wani zama takardar waƙarta ta mutuwa, wadda mutuwa take zuwa ɗaukar mai magana a keken doki. Ina cikin sharhi wata dattijuwa ta buɗe littafinta, ta sa yatsa a kan baiti na huɗu, inda sanyi yake kama mai maganar cikin siririn tufafi, ta ce ba ta gan shi a takardata ba. Editocin 1890 sun cire baitin baki ɗaya, duk fassarar da na gina ta rushe, kuma rabin mutanen ba su dawo zama na gaba ba. Tun daga ranar ba na raba waƙa sai na rubuta shekarar bugunta a ƙasan takardar. Wanda yake ƙyashin wannan ɗan aiki bai cancanci tsayawa gaban mutane ba.

Haka batun yake ga mawaƙi Walt Whitman, wanda littafinsa mai suna Leaves of Grass ya fito da waƙoƙi 12 a 1855, ya yi ta ƙari har suka kusa 400 kafin rasuwarsa a 1892, don haka a faɗa wa jama'a bugun da ake karantawa.

Kuskure na biyu shi ne cika kunnen mutane da tarihin mawaƙi kafin su ji waƙar. Ni nakan karanta ta sau biyu da murya, sannan in nemi wani daga cikinsu ya karanta. Mawaƙin Amurka Robert Pinsky ya nuna amfanin haka lokacin da ya gayyaci Amurkawa su karanta waƙar da suka fi ƙauna, mutane kimanin 18,000 suka amsa. A kuma daina gabatar da waƙar Robert Frost ta matafiyin da hanya ta rabe masa gida biyu a matsayin huɗubar jarumta, domin waƙar da kanta ta ce hanyoyin kusan iri ɗaya ne, kuma ya rubuta ta yana tsokanar abokinsa Edward Thomas mai yawan da-na-sani.