Ƙaramar hukuma ta riƙe maka kuɗin kaya? Ga yadda ake bi

Wani maƙwabcina a Tudun Wada ya kai bencina da allunan makaranta wa wata ƙaramar hukuma, shekara biyu kenan yana sintiri sakatariya, kullum amsa ɗaya ce, "Alhaji a ƙara haƙuri, kason wata bai shigo ba". Da na tambaye shi takardunsa sai ya ciro min wata 'yar takarda da kansila ya rubuta da biro. Toh wallahi nan matsalar take, kuma yawancin 'yan kwangilarmu na Zariya da Sabon Gari haka suke aiki, da amana da gaisuwa.

Abu na farko, tattara takardu tun kafin ka fara faɗa da kowa. Takardar ba da kwangila ko odar sayen kaya mai sa hannu da hatimi, takardar da mai kula da sito ya sa hannu cewa kaya sun shiga, in aikin gini ne takardar shaidar kammala aiki, sannan lambar baucha in an riga an buɗe maka fayil a ofishin ma'aji. Ka ɗauki hoton kowacce a waya, don fayil a sakatariya yana da ƙafa, yau yana kan tebur gobe ba wanda ya taɓa ganinsa. Saƙon WhatsApp da ma'aji ya ce maka za a biya, kar ka goge shi.

Daga nan ka rubuta wasiƙar neman biya zuwa ga ciyaman, ka bayyana adadin kuɗin da ranar da ka kai kaya, ka kai kwafi biyu, a buga maka hatimin karɓa a ɗaya ka dawo da shi gida. Kwafi kuma ka aika ma'aikatar ƙananan hukumomi a Kaduna. Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a ma tana karɓar irin wannan ƙorafi kyauta, wani lokaci wasiƙarsu kaɗai tana motsa fayil.

In shiru ya yi yawa sai lauya. Kuma don Allah ka bar lauya ya fara aika sanarwar niyyar kai ƙara, saboda doka tana so a sanar da ƙaramar hukuma kafin a maka ta a kotu, mutane da dama an kori ƙararsu kan wannan kawai ba tare da alƙali ya ko duba ko ana bin bashin ba. Kar kuma ka zauna shekara da shekaru kana jira, bashin kwangila yana da wa'adin kai ƙara, in ya wuce shikenan ka yi asara. Za su iya cewa ai wata uku ne wa'adin ƙarar jami'in gwamnati, amma kotuna sun daɗe da cewa wannan kariyar ba ta shafi kwangila ba. Kuma in suka ce wancan ciyaman ne ya ba ka aiki ba mu ba, ka sani bashin na kan ƙaramar hukumar ne, ko kantoma ne ko zaɓaɓɓe.

Inda mutane suke mamaki shi ne bayan an ci shari'a. Hukunci takarda ce, kuɗi kuma suna banki. Lauya zai nemi kotu ta umarci bankin da asusun yake ya biya ka kai tsaye, lauyoyi na ce masa ganishi, amma sashe na 84 na dokar zartar da hukuncin kotu ya ce kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da izinin Antoni Janar, a nan ake ɓata watanni ana jayayya. A Yulin 2024 Kotun Ƙoli ta ce a riƙa tura wa ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye ba ta asusun haɗaka da jiha ba, amma kar ka ɗauka hakan zai sa a kira ka gobe a ba ka cek.

Shi ya sa in sun zo da tayin biya kashi-kashi, ni dai shawarata ka karɓa, amma a rubuta yarjejeniyar a kai gaban alƙali ta zama hukuncin kotu. Maƙwabcin nawa dai yanzu yana neman mai siton da ya karɓi bencinan, an ce an yi masa canjin wurin aiki.