Kurakuran da aka fi yi wajen ɗaukar fim ɗin bori a cikin gari

Babban kuskure shi ne kafa kyamara a fuskar wanda iska ta hau. Ido ya juye, kumfa tana zuba, mai ɗauka sai murna yake yi. Ɗan kallo kuwa ban da firgita babu abin da ya ƙaru da shi. A 1954 Jean Rouch, wani Bafaranshe mai shirya fim, ya ɗauki bikin 'yan Hauka, masu hawan iska irin na bori, 'yan ci-rani daga Nijar, a bayan garin Akara. Ɗaliban Afirka da suka kalli fim ɗin a Faris ransu ya ɓaci, Turawan Ingila kuma suka hana nuna shi a Gana ta wancan lokaci. Duk da haka ya yi dabara ɗaya mai kyau: washegari ya bi mutanen nan wuraren sana'arsu, aka gan su lafiya lau suna neman abinci.

To, ka ja da baya. A ga mai garaya, a ga masu kaɗa buta, a ga magajiya riƙe da kayan iska tana jiran ta gane wa ya sauka. Cikin iskokin, Ɗan Galadima da ƙasaitarsa yana rabon goro daban, Kuturu da yatsunsa a naɗe daban. Kada ka yanke kafin atishawar da ke nuna iska ta tafi.

Sai sauti. Wasu kan cire garaya a wurin tacewa su ɗora wani gurnanin kwamfuta, wai sabon salo. Ai kowace iska da kiɗanta da kirarinta, shi ne ke kiran ta. In za ka yi wasa da hoto, ka rage gudu ko ka maimaita, amma ka bar kiɗan.

Haka nan kada ka share garin. Ƙarar janareto, ohon kabu-kabu a Maradi, yadda makaɗa ke dakatawa in an kira salla, duk cikin labarin suke.

Izini kuwa ba na sarkin bori kaɗai ba ne. Mace na iya yarda a ɗauke ta a tsakar gida, ba ta yarda 'yan unguwa su gan ta a TikTok ba, sai ka tambayi kowa da bakinsa. Girka kuwa, wato shigar da mutum bori, sirri ce, ajiye kyamararka. In a Kano kake, fara da Hukumar Tace Fina-finai kafin ka fitar da kaya titi.